Wanda Maryama Ta Shayar

Zan daɗe a kan shekarar da na yi a Kuala Lumpur, domin na ji yadda kuke ba da labarinta a tsakaninku, kowa da gishirin da yake ƙarawa. Usaini yana cewa shi ya ceci auren ɗan'uwansa tun yana cikin zanen goyo. Hassan yana cewa aikin wani tsohon Basine ne. To ni da abin ya faru a gabana, ga yadda aka yi, har da wurin da ba ya yi mini daɗin faɗa.

Gwiwa ce ta kai ni. Ɗana Hassan yana koyarwa a wata jami'a a can, yana zaune a unguwar Setapak, hawa na goma sha ɗaya, shekara biyar da rasuwar matarsa. Ya ce in zo a duba ƙafar, in huta wata biyu, sai ga shi na shekara. Na zauna a Bur Sudan inda zafi ke gasa mutum, na zauna a Abidjan inda yake dafa shi, amma na Kuala Lumpur turara mutum yake yi kamar dambu. Ban da wannan, garin ya karɓe ni. Da Larabcina nake cin abinci a shagunan Larabawa na Bukit Bintang, da Turanci nake faɗa da likita, Malayancin da na tsinta kuwa bai wuce na sayen shayi ba.

A nan na tarar da Nafisa, 'yar Alhaji Garba, maƙwabcinmu na Fagge da katanga ɗaya ta raba mu. Ta zo karatun digiri na uku, ubanta ya buga wa Hassan waya ya ce ga amana nan. Duk Asabar takan kawo mini tuwo da miyar kuka, ni kuwa sai na lura Hassan, wanda a da sai ruwan sama ke wanke masa mota, ya koma wanke ta da kansa duk ranar Juma'a da yamma. Ban tsufa a banza ba. Na kira Alhaji Garba, ya yi dariya ya ce shi ma jira yake a yi masa magana. Har an fara batun sa rana, sai Yaya Ladi, wadda kuke kira Goggo, ta aiko a ce mini in dakata. Ta ce lokacin da aka haifi tagwaye, mahaifiyarku Binta ta kwanta zazzaɓi mai tsanani, kuma Maryama, mahaifiyar Alhaji Garba, da take goyon autarta a lokacin, ta shayar da ɗaya daga cikinsu. Wanne ne, ba ta sani ba, don tana gidan aurenta a Gusau, labari kawai ta ji.

Ga waɗanda aka haifa a waje, bari in warware. Idan Hassan ne Maryama ta shayar, ya zama ɗan'uwan Alhaji Garba na nono, Nafisa ta zama 'yarsa, babu aure har abada. Idan Usaini ne, babu abin da ya shafi Hassan. Waɗanda suka san amsar kuwa duk sun riga mu gidan gaskiya: Inna mahaifiyata, Maryama, ƙanena Sule, da Binta, wadda ko tana raye ba ta cikin hayyacinta a kwanakin nan. Alhaji Garba ya ce ya tuna ya dawo hutu daga makarantar kwana ya tarar da baƙon jariri a ɗakin uwarsa, amma wa yake bambance tagwayen wata ɗaya? Hassan ya daina cin abinci sosai. Wata rana ya dawo daga masallacin Kampung Baru da fara'arsa, ya ce wani malamin Malayu ya gaya masa a wurinsu sai an sha sau biyar ake lissafawa. Na ce masa mu a gida ko sau ɗaya ne ya wadatar, kuma ko da na mutanen nan za mu bi, Maryama ba mace ba ce da za ta ba jariri nono sau huɗu ta ce ya isa. Ya koma ɗakinsa.

Ni kaɗai na san akwai sauran shaida guda, kuma na yi kwana uku ban faɗa ba.

A Hamburg na fara ganin rikoda mai faifai biyu, lokacin da kamfanin jiragen ruwan da nake wa aiki ya tura ni kwas. Na sayi biyu, na bar ɗaya a Kano a hannun Sule, na tafi Bur Sudan da ɗaya, muka riƙa aika wa juna wasiƙar baki ta hannun matafiya. A lokacin kaset ya riga ya shigo, abokaina suna yi mini dariya, wai nasu yana shiga aljihu, nawa kuwa sai an nemo ɗan dako. Gaskiyarsu ne. Nauyinta ya kai rabin buhun gero. Kafin ta yi magana sai ka ɗora faifai mai tef a hagu, ka jawo bakin tef ɗin da yatsa, ka bi da shi ta gaban kan da ke karantawa, ka naɗa shi a faifan dama, sannan ka jira ta yi ɗumi har wani koren ido da ke gabanta ya buɗe. Sule sai da ya kwana uku yana koyo yana tsinka mini tef. Amma idan ta fara, kaset sai ya ji kunya. Kaset maganar mutum kawai yake kawo maka, a matse, da wani huci a bayanta. Faifai kuwa har ɗakin da mutum yake zaune yake kawowa, ka ji faɗinsa, ka ji wanda ya gifta ta tsakar gida. Inna ta sa mata suna akwatin gulma, don ta ce ko tari ka yi sai ta kai Sudan.

Bayan haihuwar tagwaye an aiko mini da wani faifai. Na san dole a cikinsa Inna ta yi bayanin yaran. Amma ban taɓa jin bayanin ba, domin kafin ta kai wurin ta yi mini wani faɗa da ya sa na kashe rikodar, na naɗe faifan a tsumma, na jefa shi ƙasan akwati. Shekara arba'in da 'yan kai ban sake taɓa shi ba. A rana ta huɗu na ga Nafisa ta kawo tuwo ta ajiye a bakin ƙofa ta juya ba ta shigo ba, sai na kira Usaini na kwatanta masa akwatin ƙarfen da ke ƙarƙashin gadona. Matar wani ɗalibi da za ta dawo daga hutu ta taho mana da faifan.

A nan na yi wautar da sai mutumin Kano zai yi. Na kwance tsumman na ji yana warin ajiya, sai na ɗora faifan a bakin taga don ya sha iska, kamar yadda muke shanya kayan da suka daɗe a akwati. Kwana goma yana nan yana shan damshin Setapak, mu kuwa muna yawon neman rikoda, don tawa ta Kano ɓeraye sun daɗe da gama da ita. Daga ƙarshe wani mai tasi ya kwatanta mana shagon Ankul Tan, tsakanin wani mai facin taya da shagon shayin Indiyawa Musulmi da suke kira mamak. Tsohon Basine ne sa'ana, da tabarau biyu, ɗaya a ido ɗaya a goshi, rikododi jere har rufi. Cikin minti biyar muka fara musu. Na ce ƙirar Jamus ta fi zurfin murya, ya ce ƙirar Jamus gimbiya ce, kullum tana da ciwo, ƙirar Japan ita ce matar rufin asiri. Na ce ai shi bai taɓa jin muryar mace ta fito daga ta Jamus ba. Ya ce ni kuma ban taɓa neman bel ɗinta a kasuwa ba. Hassan yana tsaye yana duba agogo.

Da na miƙa masa faifan, ya ɗaga shi a haske, ya shinshina, ya taɓa gefensa da farce. Ya tambayi inda aka ajiye shi, na faɗa masa har da batun taga. Ya cire tabarau duka biyun ya dube ni. Ya ce bushewar garinmu ta riƙe shi shekara arba'in, ni na kusa kashe shi a kwana goma. Tef ɗin ya fara manne wa juna, garin ƙasa-ƙasan nan da ke riƙe murya ya fara saki. Zai sa shi a akwatin busarwa kwana uku, sannan a gwada. Sai ya ɗaga yatsa ɗaya.

“Sau ɗaya, boleh, zai yiwu. Sau biyu, ban yi alkawari ba. Kuma babu tsallakewa, Alhaji. In ka ja shi da gudu, murya za ta zube a ƙasa. Daga farko har ƙarshe, a hankali.”

A mota Hassan ya kawo shawarar da ni ma ita ce a raina. Ya ce in je ni kaɗai, tunda Ankul ba ya jin Hausa, in saurara, in ɗauki wurin da ake buƙata a waya in kawo musu. Bai san me nake gudu ba, ya dai ga fuskata. Na so in karɓa. Amma ni uban ango ne, kuma kowa ya san muryar waya ana yanke ta a haɗa. Ko Alhaji Garba ya yarda da ni yau, bayan shekara ashirin wata za ta raɗa wa wata a gidan biki cewa auren nan da lauje cikin naɗi, 'ya'yan da za su haifa su tashi da wannan a kansu. Na ce a'a, kowa zai ji da kunnensa, tun daga bisimilla.

Ranar Asabar da la'asar muka taru a shagon, lokacin hantsi ne a Kano. Ni, Hassan, Nafisa da wata ƙawarta, sai waya da aka jingina da gwangwanin kusoshi, Alhaji Garba da Usaini suna zaune a tabarma ɗaya suna kallonmu ta ciki. Ankul ya goge kan rikodarsa da auduga da sifirit, ƙirar Japan ce, na haƙura. Ya ce ni zan ɗora tef ɗin, yana so ya gani ko baki ne kawai gare ni. Yatsuna sun tuna hanya. Ya murɗa, sai ga Baffa Isa, mutumin da idan ya yi gyaran murya kaji ke watsewa, yana gaisuwa da muryar tsuntsu. Na manta Sule ya saba ɗauka a mafi ƙarancin gudu don tef ya yi auki. Usaini ya faɗi a tabarma don dariya. Ankul ya rage gudun, Baffa ya dawo da girmansa.

Ankul ya ce mini wasiƙun Turawa da na Sinawa da ya sha juyawa, a minti na farko ake faɗin abin da ya kawo mutum. Mu kuwa gida guda ne, kowa sai ya gaishe ni bisa tsarin girma. Baffa ya tambayi aiki, ya tambayi gajiya, ya tambayi ruwan Sudan. Matarsa ta maimaita. Limamin unguwa da ya shigo aron tsani shi ma aka ba shi makirfo. Faifan hagu yana ramewa, Hassan yana ramewa tare da shi. Ankul ya raɗa mini ko an zo wurin, na ce tukuna, gaisuwa ake. Bayan wani lokaci ya sake tambaya, na ce har yanzu gaisuwa ake. Ya ce lallai a ƙasarmu masu sayar da tef sun ji daɗi. Shi dai abin da ya burge shi daban ne: a bayan muryoyin ana jin luguden turmi, da kukan tattabarun Sule, da wata mai tallar fura daga nesa. Ya rufe ido yana nuna lasifika, yana cewa in ji, in ji, wace waya ce za ta ba ni wannan.

Sai Inna ta karɓa. Na manta yadda take yi. Ita ba ta yarda akwati take wa magana ba, don haka idan ta ce ina kwana sai ta yi shiru, ta bar mini filin amsawa. Ta ce ina gajiya, ta jira. Ban san lokacin da na ce babu gajiya, Inna, ba. Ba wanda ya yi dariya, ko Usaini. Daga nan muryarta ta sauya.

“Audu, kana ji na? Matarka kwana goma sha tara ba ta san inda kanta yake ba. Mun buga maka tangaraho, ka aiko mana da atamfa da sabon faifai. To akwatin nan ba ya ɗaukar jariri, ba ya kai kwano asibiti. Ubanka a hanyar fatauci labarin haihuwarka ya same shi, daga Jega ya juyo da jakunansa. Kai jirgin sama ma ya yi maka nisa. Ka ce aiki. Aikin ne zai yi maka takaba ko kai za ka yi masa?”

Daidai nan na kashe a Bur Sudan. Hannuna ya tafi wurin maɓalli da kansa, Ankul ya buge shi kamar na yaro. Ban ɗaga kai na dubi kowa ba. Ina kallon garin tef ɗin yana zuba a ƙarƙashin kan rikodar kamar garin kanwa ja, faifan hagu saura kaurin ɗan yatsa. Inna ta ja numfashi, aka ji ta gyara zama, aka ji kukan jariri kusa da makirfo.

“Yanzu dai da sauƙi, jiya ta sha kunu. Yaran kuma kada ka sa su a ranka. Mai sunan Malam ya ƙi kowa, yana hannuna, madarar gwangwani nake ɗura masa da cokali, ka ji shi nan. Ɗan'uwan nasa ne mai haɗama, shi Maryama ta haɗa da tata take shayarwa, Allah ya saka mata da Aljanna.”

Nafisa ta dubi Hassan, Hassan ya dube ni da baki a buɗe. Inna ta rasu kafin a yaye su, bai taɓa jin ta kira shi ba. Ni kuwa na ƙi cewa komai, don ba daga bakina ya kamata ta fito ba. Alhaji Garba ne ya matso da fuskarsa har ta cika wayar.

“Malam Hassan mai jakuna ke nan, mijinta. Inna ba ta taɓa kama sunansa ba, duk unguwa an sani. Hassan na hannunta. Wannan da ke kusa da ni shi ya shanye wa ƙanwata nono.”

Ƙawar Nafisa ta rangaɗa guɗa a shagon Basine, mai facin taya ya leƙo. Nafisa ta rufe fuska da mayafi. Ankul ya ɗaga hannu ya ce a yi shiru, tsohuwar ba ta gama ba. Muryar ta fara dusashewa, tana zuwa tana komawa. Abin da muka iya ji shi ne: “Kai kuma na san ka, yanzu ka yi fushi. In ka huce ka taho gida, na ajiye maka…” Sai tef ya tsinke, bakinsa ya riƙa dukan rikodar yana zagayawa. Ankul ya ɗauko reza da abin liƙi zai haɗa, ya ɗaga ragowar a haske ya nuna mini. Fes take kamar leda, babu sauran komai a jikinta. Har yau ban san abin da ta ajiye mini ba.

To ga gyaran da nake so ku riƙe. Kun taso kuna jin cewa da labarin haihuwar tagwaye ya same ni na bar komai na taho. Binta ce ta riƙa faɗa muku haka, don ta rufa mini asiri, ni kuma ban taɓa musawa ba. Ba haka aka yi ba. Wata bakwai na ƙara a Bur Sudan. An yi mini alkawarin ƙarin girma, kuma ina tsoron in dawo in tarar da kabari, sai na ɓuya a bayan aiki. Da na dawo, Inna ba ta sake tayar da maganar ba, na ɗauka fushi ne. Da na bar faifan nan ya ƙara minti biyu a wancan lokacin, da na san ta riga ta buɗe mini ƙofa. Ƙawar Nafisa ta ɗauki komai a wayarta, kafin magariba faɗan Inna ya zagaye dangi har Gusau. Jikokina da ba su iya Hausa sosai ba sun haddace “akwatin nan ba ya ɗaukar jariri”, suna faɗa wa iyayensu idan suka daɗe a kan waya. Na saurari abin da wayar ta ɗauka sau ɗaya. Maganar tana nan, amma turmin da tattabarun ba su shiga ba.

Da muka fito, Hassan ya ce mu tsaya a mamak. Ya sayo shayi da roti, gurasar mutanen can, ya cinye nasa ya ƙara biyu, rabonsa da irin wannan ci tun kafin saƙon Goggo. Bai ce mini komai game da faɗan Inna ba. Ya dai turo mini sukari, ya ce Baba, da ka je kai kaɗai da ban taɓa sani ba, na ce shi ya sa ban je ba.

A Fagge aka ɗaura auren bayan ƙaramar Sallah. Alhaji Garba, da yake shi ma ɗan tsokana ne, ya ce tunda ya sami ƙane a tsufansa, Usaini ne zai wakilce shi ya ba da Nafisa. Usaini ya ɗinka babbar riga, ya zauna a zaure, ya sa aka shigo da Hassan, wanda ya girme shi da rabin awa kuma bai taɓa barin ya manta ba. Hassan ya miƙa masa hannu. Usaini ya dubi hannun, ya dubi takalmansa, sannan ya juyo wurina.

“Baba, yaron nan naku wurin surukai ya zo ko wurin abokai? A ce masa ya cire takalmi ya durƙusa.”

Hassan ya dube ni yana neman ceto. Na ce masa ni ma a gaban mutane aka yi mini nawa, ya durƙusa kawai. Ya durƙusa.